Kada Tsohuwa Ta Huce

Litinin, da hantsi

Yau ma na tashi na yi shirin aiki, sai da na kai bakin ƙofa na tuna babu aikin. Mako guda ke nan da aka garƙame kamfanin kwalabe, amma ƙafafuna ba su samu labari ba tukuna. Shekara ashirin da 'yan kai ina zaune gaban fitila, kwalabe na wucewa ɗaya bayan ɗaya, ina tsame mai tsaga da mai kumfa a ciki. Yanzu na rasa abin yi da idanuna, sai kofunan gida nake ɗagawa ina dubawa a hasken taga. Auta ta ce, "Umma, ki bar mana kofuna su huta, ba su suka ci kuɗin fanshonki ba."

Ita ce ta ba ni wannan littafin, ragowar na makarantarta, wai in riƙa zuba surutuna a ciki ko kunnenta ya sarara. Ja'ira. Na karɓa dai.

Abin da muka sani bai da yawa. Kamfani ya durƙushe, mai shi ya yi layar zana, kotu ta turo wani mutum ya sayar da komai ya raba wa masu bin bashi. Mai Kwat muke ce masa, don ko rana ta kai ina ba ya cire ta. Shi ya tara mu ya faɗi maganar da ta hana ni sukuni: kuɗin fanshon da ake yanka a albashinmu duk wata, an yi shekaru ba a zuba su a asusun ba. A takardar albashi an yanke, a asusu wayam. Nawa da na Maigida duka, tunda kamfani ɗaya muke yi wa aiki.

Shi kuwa Maigida bai fasa fita ba. Akwai tanderun narka gilashi, wadda suke kira Tsohuwa, shi ne babba a kanta, har ake masa laƙabi da Sarkin Wuta. Tun da aka hura ta ba a taɓa kashe ta ba, ko ranar hutu, ko lokacin yajin aiki. In ta huce, gilashin cikinta ya daskare ya koma dutse, bangonta ya tsattsage, shi ke nan sai masu sayen ƙarafa. Ranar da aka rufe, a gabana ya tare Mai Kwat ya ce, "Ranka ya daɗe, duk gidan nan ita ce kuɗin. In tana da rai za a saye ta da daraja, a biya mu. In ta mutu ko kyauta ba mai ɗauka."

Mai Kwat ya ce, "Ni ban san gilashi ba, ku kuka sani. Ban ce ku tsaya ba, ban ce ku tafi ba. Albashi dai babu."

Su shida suka tsaya, suna karɓa-karɓa.

Laraba, bayan azahar

An yi taro a ofishin ƙungiyar ma'aikata. Kujeru ba su isa ba, na zauna a kan wani akwatin kwalabe. Lauyar ƙungiya, wadda muke kira Barista, 'yar siririya ce, ba za ta girmi Auta da yawa ba, amma murya ko babu lasifika ana jin ta. Ta ja layi a allo ta ce haka masu bin bashi suke tsayawa. Ga banki a gaba, riƙe da takardar jingina ta fili da gini da injuna. Ga masu haraji. Ga kamfanin gas, ga mai kawo yashi.

Wata daga baya ta ɗaga murya, "To mu ina muke?"

"Banki ya ce kuna bayansa," in ji Barista. "Ni kuma abin da zan gaya wa alƙali shi ne, kuɗin fansho ba bashi ba ne, amana ce. Tun farko ba na kamfani ba ne, guminku ne aka ce za a ajiye muku. Amana ba ta bin layi. A fara cire ta a miƙa wa masu ita, sannan sauran su ja layinsu."

Na ce, "In alƙali ya ƙi fa?"

Ta ce, "Sai abin da banki ya rage."

Dogo, abokin aikin Maigida a bakin wuta, ya ce, "Banki yana ragi ne?" Aka yi dariya, amma ta ciki na ciki. Na dawo gida, ko abinci ban iya ci ba.

Alhamis, da yamma

Ƙugin Tsohuwa yana nan. Gidanmu bai da nisa da katangar kamfani, daga tsakar gida ake jin ta. Da can ban ma lura ba, yanzu in na farka shi nake fara saurare.

Asabar, da la'asar

Wata sabuwa. Kamfanin gas ya aiko cewa shi ma ana riƙe masa kuɗi, daga yanzu sai an biya kafin a sha, in ba haka ba su rufe bututu. Mai Kwat ya ce babu ko sisi a hannunsa. Banki ya ce ba ruwansa. Sai su Maigida suka rage wutar iya yadda gilashin ba zai daskare ba, aka kama karo-karo a tsakanin ma'aikata. Mutanen da ba su ga albashi ba, su ne za su saya wa tanderu abinci. Ikon Allah.

Yayana direba ya biyo da rana, ya tarar da maganar a kan tabarma. Shi dama bakinsa ba linzami. Ya dubi Maigida ya ce, "Sarkin Wuta, wallahi tausayi kake ba ni. Tanderun nan a jingine take wurin banki. In alƙali ya ce su ne a gaba, wa kuka yi wa gadi kyauta? Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi."

Maigida ya ce, "In kuma ya ce mu ne a gaba, aka je aka tarar da dutse, me za a sayar a ba mu?"

Yaya ya ɓige da neman ruwan sha. Kowannensu in ya yi magana sai in ga shi ne mai gaskiya, wannan ne yake ci mini rai.

Talata, da rana

Mun je asibiti, a duba Maigida. Ba zan rubuta abin da likita ya ce ba.

Laraba, da safe

Takalminsa na aiki ya ƙi shiga, ƙafafunsa sun kumbura. Na ɗauko reza na tsaga bayan, ya zura ƙafa ya ce, "Kin ga ai ya fi shan iska." Na ce likita ya yi magana a kan zafi, da tsayuwa. Ya ce likita bai san Tsohuwa ba. Na ce ita ma Tsohuwar ba ta san likita ba, ba kuma ita za ta yi jinya ba. Ya ɗauki hularsa ya fita, yana tafiya yana dafa bango.

Na ƙara masa matashi biyu a gado. A kwance ba ya iya barci yanzu, sai a jingine.

Juma'a, bayan mun dawo daga kotu

Mun cika benci, har waje. Lauyoyin banki su uku, da jakunkuna masu taya, suna ja kamar za su hau jirgi. Tamu ita kaɗai da fayil a hammata. An yi ta turanci, na tsinci abin da na tsinta. Babban cikinsu ya ce bankinsa ya ba da rance bisa jingina, doka ta san jingina, ma'aikata kuwa abin tausayi ne amma tausayi ba doka ba ne. Da ya ce abin tausayi, sai da na ji kamar in cire takalmi in jefe shi. Wa ya roƙe ka tausayi? Kuɗina ne aka yanka.

Barista ta yi magana, ta yi kyau, muryarta ba ta yi rawa ba. Alƙali ya yi rubutu, ya duba kalanda, ya ɗage zuwa mako uku.

Mako uku! Shi a wurinsa juya shafi ne. A wurinmu gas ne na mako uku, da ƙafafun mutum.

Lahadi, da hantsi

Biyu daga cikin su shidan sun janye. Ɗaya ya samu aikin gadi a wani shago, ɗaya matarsa ta ce ko ita ko tanderu. Ban ga laifinta ba. Ina ma ni ce na iya.

Litinin, da la'asar

Dogo ya zo da labari, yana washe baki. Wai mai saye ya zo, a farar mota, da mutum biyu masu igiyar awo. Na ce, "To ya ga Tsohuwa?"

Ya ce, "Bai shiga ba, ya ce zafi na damunsa. Amma sun auna katanga kaf, daga bakin titi har baya. Ya daɗe tsaye a ƙofa yana kallon motocin da ke wucewa."

Maigida ya ce haka manyan masu saye suke, ba sa nuna zumuɗi, kada a tsawwala musu kuɗi. Dogo ya ce ƙwarai kuwa. Suka shiga lissafin yadda sabon mai kamfani zai dawo da ma'aikata, har da wanda za a ba shugabancin sashe.

Wani abu ya tsaya mini a rai. Mutum zai sayi tanderu ya ƙi leƙa ta? A wurin aiki in na ga kwalba na yi kokwanto, tsame ta nake, ba na jiran ta fashe a hannun wani. Amma na ga yadda fuskar Maigida ta saki, rabon da in ga haka tun kafin a rufe. Na yi shiru na kawo musu shayi.

Laraba, da rana

Karo-karon wannan makon bai cika ba. Mutane sun gaji, kuma ba su da shi. Na shiga kasuwa na dawo, kuɗin gas ya cika.

Auta ta dube ni ta ce, "Umma, ina 'yan kunnenki?" Na ce suna mini ƙaiƙayi ne na cire. Ta ce, "Na Kaka, da kike cewa ko a mafarki ba za ki rabu da su ba?" Na ce ta tashi ta duba tukunya. Ta tashi, amma na ji ta tana jan hanci a kicin.

Alhamis, da yamma

Mun yi faɗa da Maigida. Rabon da mu yi irinsa tun Auta na goye. Na ce masa ya fi son tanderu da ransa. Na ce in ya faɗi a bakin wutar nan banki ba zai zo gaisuwa ba. Na faɗi wasu maganganun ma da ba zan sa a takarda ba.

Bai ɗaga murya ba, numfashin ma bai ishe shi ba. Ya ce, "Maman Auta, ni na gama nawa. Ke nake yi wa. In babu fanshon nan, wa zai riƙe ki? Yayanki da ke fama da nasa? Ko yarinyar da ba ta gama makaranta ba?"

Na ce kada ya ƙara ce mini ya gama nasa. Ya ce to. Ƙugin nan dai yana ta yi.

Asabar, da azahar

Na kai masa abinci da kaina, don wani ma ya janye, yanzu su uku suka rage, ba mai iya barin wurin. Sashenmu na wuce, fitilata na nan a kashe, kujerata ta yi ƙura, kwalabe sun tsaya cak a kan bel ɗin da ke jan su, inda aka bar su. Ban tsaya ba.

Shekarun nan duka ban taɓa matsawa kusa da Tsohuwa ba, mu 'yan duba can ƙarshen layi muke. Zafin ya mare ni tun daga nesa. Maigida na zaune kan benci, ya ɗora ƙafafu a kan bulo, rigarsa sharkaf. Ya miƙo mini shuɗin gilashin da suke leƙa wuta da shi ya ce, "Zo ki gaishe ta."

Na leƙa ta 'yar ƙofar. Narkakken gilashi kwance, yana motsi a hankali, ja-ja-jawur, kamar mai numfashi cikin barci. Ya nuna mini allurar ma'aunin zafi, da jan layin da suka zana da fenti. "In ta sauka ƙasa da nan, an gama. In ta hau da yawa, gas muke ƙonawa a banza. Aikin ke nan, ido da haƙuri."

Na ce ashe aikina ne, sai dai ku kuna gumi. Ya yi dariya har ta zame masa tari. Na tsaya ina bubbuga masa baya, ina kallon allurar don kada in kalli fuskarsa.

Talata

Maigida ya faɗi a bakin wuta. Dogo ne ya kawo shi asibiti, a bayan motar yashi.

Alhamis, a barandar asibiti, da rana

Sun sa masa robar iska a hanci. Likita ya dube ni, irin kallon nan na ai na gaya muku. Na sunkuyar da kai. Auta ke kwana wurinsa, ni ina yini.

Da ya buɗe ido bai tambayi inda yake ba. Cewa ya yi, "Wa ke kanta?" Na ce Dogo. Ya ce, "Shi kaɗai?" Na ce da wani. Babu wani. Na ukun ya tafi tun ranar da abin ya faru, ya ce shi ba zai mutu a kan kayan banki ba.

Asabar, da yamma

Ni da bakina na ce a kashe ta, ba sau ɗaya ba. Yau ga ni zaune a kan bencinsa tun safe, Dogo na barci a kan kwali a bayan ɗakin, ni ina gadin allura. Ya nuna mini famfon gas, kaɗan dama, kaɗan hagu, in ta yi gardama in tashe shi. Ban tashe shi ba ko sau ɗaya.

Yaya ya ji labari ya kira ni a waya. "Ke ma kin kamu? Gidan naku duka ya haukace?" Na ce, "Yaya, in ta huce yanzu, ƙafafunsa sun kumbura a banza ke nan." Ya yi tsaki ya kashe. Can da la'asar sai ga shi da robar ruwan sanyi da wani abu a ambulan, ya ce a ƙara a na gas, kuma kada in kuskura in gaya wa matarsa.

Litinin, da safe

An sallamo shi. Magunguna cike da leda, da sharaɗin kada ya taka ko tsakar gida sai an riƙe shi. Yana shiga ɗaki ya ce mu yi shiru. Ya kasa kunne. Ya ce, "Tana ci." Sannan ya yarda aka kwantar da shi.

Laraba, da rana

Jibi ne hukunci. Na wanke kayan da ba su yi datti ba. Na share ɗaki sau nawa, ban sani ba. In alƙali ya ce banki ne a gaba fa? In ya sake ɗagewa fa? Gas ɗin da muka biya iyakarsa Lahadi, kuma babu sauran abin da zan cire a jikina.

Alhamis, da yamma

Gobe ne.

Juma'a, da azahar

Mu ne a gaba! Alƙali ya ce kuɗin fansho amana ce, ba ta cikin dukiyar da za a raba, a fara cire ta cif daga duk abin da aka sayar, sannan banki da sauran su bi layinsu. Ban gane ba sai da na ga Barista ta rufe fuska da fayil. Mata suka kaure da guɗa, ɗan sandan kotu yana ta a yi shiru, ba mai jin sa. Na rungume yarinyar nan har sai da ta ce, "Mama, za ki karya ni." Lauyoyin banki suka ja jakunkunansu suka fice, ko waiwaye babu.

A waya na gaya wa Maigida. Numfashinsa kawai nake ji. Can ya ce, "Ki je ki gaya wa Dogo, yana can shi kaɗai."

Juma'ar dai, bayan la'asar

Wannan dole sai na rubuta.

Na tarar da Mai Kwat a bakin ƙofar kamfani, da mai farar motar nan, suna musabaha. Da ya tafi, Mai Kwat ya ce mini barka, ya ce ciniki ya faɗa, kuɗin zai biya fanshon kowa har banki ya samu wani abu. Na ce alhamdu lillahi, yaushe sabon mai kamfanin zai karɓi wutar, don gas ɗinmu iyakarsa Lahadi?

Ya ce, "Wace wuta?"

Na ce Tsohuwa mana.

Ya gyara wuyan kwat ɗinsa. "Ai Hajiya, shi fili ya saya. Shaguna zai gina, da wurin ajiye motoci. Ginin da injunan duk rushewa za a yi, a auna ƙarfen a kilo. Kuɗin filin ne zai biya ku."

Na ce ko tana da rai ko ba ta da rai, kuɗin ɗaya ne?

"Ɗaya ne."

Na ce tun yaushe ka sani?

"Tun zuwansa na farko. Na ɗauka kun gane. Ai na gaya muku, ban ce ku tsaya ba."

Me zan ce masa? Bai yi ƙarya ba. Mu ne muka gaya masa ita ce kuɗin gidan, shi kuma bai san gilashi ba. Mu da muka san gilashi ba mu san komai ba sai shi. Mutum ya zo da igiyar awo yana ƙirga motocin titi, na gani da idona na aiki, na bar ta ta wuce.

Dogo na tsaye a bayana, ya ji komai. Ya cire hularsa ya riƙe a hannu, ya koma ciki wurin allura.

Asabar, da safe

Maigida ya ci abinci sosai yau, har ya nemi ƙari. Ya ce wa Auta in sabon mai kamfani ya zo, zai ba shi shawara ya riƙe Dogo a kan wuta, shi kuma ya riƙa leƙawa jefi-jefi. Auta ta ce Allah ya kai mu, Baba. Ta san komai, na gaya mata a kicin. Mun yi shawara ba yanzu za mu gaya masa ba.

Talata, da yamma

Masu rusau sun zo yau, sun tarar wutar na ci, don kamfanin gas bai riga ya rufe bututu ba. Dogo ya roƙe su mako guda. Ya ce ba a kashe tanderu farat ɗaya, sauke ta ake yi sannu a hankali, yau kaɗan gobe kaɗan, har ta kwanta ba tare da ta fashe ba. Ya ce shi zai yi, ba ya son ko sisi. Shugaban masu rusau ya ce, "Baba, abin da za mu fasa da guduma, ina ruwanmu da tsagewarsa?" Ya sa wani ya murɗe famfon gaba ɗaya.

Ina wurin. Ƙugin ya yi ƙasa, ya yi ƙasa, ya ɗauke. Ba a jima ba bangon ya fara ƙara, ƙas, ƙas, can kuma wani ya ba da tau kamar an harba bindiga. Dogo ya toshe kunnuwa ya fita. Na ɗauko shuɗin gilashin Maigida daga kan benci na sa a jaka.

Ina shiga gida na kunna rediyo, na ƙure fanka, kada Maigida ya ji shirun. Ya ce, "Tana ci?" Na ce tana ci.

Laraba, da rana

Rediyo tun asuba. Na ce ina bin labarin hukuncinmu ne ko za su faɗa. Ya ce, "Tana ci?" Na ce tana ci. Unguwar ta yi wani irin shiru, har kukan yaran maƙwabta na can ƙarshen layi ake ji.

Alhamis, da hantsi

Ina shafa masa mai a ƙafa ya ce, "Maman Auta, kashe rediyon nan, kin ishe ni da labarin duniya. Fankar ma."

Na kashe. Muka zauna a cikin shirun.

Ya ce, "Ba ki iya ƙarya ba. Tun shekaranjiya da la'asar na daina jin ta a ƙafar gado."

Na kasa ɗago kai. Bai tambayi wa ya saya ba, bai tambayi me za a yi da wurin ba, ni ma ban faɗa ba. Na ciro shuɗin gilashin daga jaka na sa masa a hannu. Ya juya shi, ya goge da bakin riga.

"Mu ne dai a gaba?"

"Mu ne."

"Duka za a biya? Har naki?"

"Duka. Nawa da naka."

Ya gyaɗa kai. Ya daɗe yana kallon rufi, ƙirjinsa na hawa yana sauka. Sannan ya ce, "A hankali suka sauke ta?"

Na dubi ƙafafunsa a kan matashi, na ci gaba da shafa man.

Na ce, "A hankali. Dogo ne ya yi, da hannunsa."

Ya dube ni, ya daɗe yana dubana. Sannan ya rufe ido ya ce, "Madalla."

Wannan karon bai ce ban iya ƙarya ba.